Tarihin rayuwata, kashi na 14: Gonar Kaka a gaban alƙali

Makon jiya mun tsaya inda aka kafa duwatsun iyaka a gonar Kaka da ke bayan garin Tawa, aka ce hukuma za ta yi gini. Gini bai tashi ba, gona kuma ba ta dawo ba. Kawu, Allah shi jiƙan shi, maganarsa guda ce: shaida na mutuwa, takarda ba ta mutuwa. Ɗakin su Baba Ƙarami suka maida shi abin dariya.

Shari'a da gwamnati daban take da rikicin maƙwabta. Na maƙwabta wurin sarki ake fara kai shi, in sulhu ya ƙi a rubuta takardar rashin sulhu, sannan a je gaban alƙali. Da gwamnati kuwa, sai ka fara rubuta koke ga hukumar da ta karɓi filin, ka riƙe kwafi mai hatimi da kwanan wata. Wa'adin gajere ne. Wanda ya tsaya jiran alkawarin baki, alƙali zai kori ƙararsa tun bai buɗe maganar gonar ba.

Kafin nan ma, wa ke ƙarar? Magada su zauna, a rubuta sunan kowa, mata da maza, a naɗa wakili guda. In aka tsallake ɗiyar gwaggo ɗaya, lauyan gwamnati daga nan zai kama. Namu sun ɓata damina guda kan wa zai zama wakili, kuma sun san kansu.

Sai hujja. Dokar karkara ta Nijar ta 1993 ta amince da mallakar gargajiya, amma alƙali na son takardar shaidar mallaka daga kwamitin filaye, da maƙwabtan gabas, yamma, kudu da arewa waɗanda za su nuna layin gamba da tsohuwar aduwar da ke kusurwa. Biyu cikin namu sun rasu kafin a kira su. Maganar Kawu ke nan. Ga kuma waɗanda Kaka ya ara wa gefen fadama, tun jawabin shugaban ƙasa Seyni Kunce na 1974 cewa gona ta mai nomanta ce suka daina kawo damin gero, yau su ma sun ce magada ne.

Dokar 1961, wadda aka gyara a 2008, ta ce ba a karɓar fili sai don amfanin jama'a, bayan bincike, a biya diyya kafin a shiga. To ka tambaya: ina takardar da ta ayyana amfanin jama'ar, ina rasit na diyya? In babu, ƙararka na da ƙafa. In an riga an gina makaranta ko an yanka filin an sayar, da wuya ka ga ƙasa, kuɗi za a yi maganarsu. Shi ya sa Kawu ya matsa a kawo ma'aikacin kotu ya rubuta cewa filin fayau yake, babu ko bulo guda.

Mako mai zuwa, ranar da aka fito da taswira.