Takarda guda ta raba yayana da marsen ginin kilas

Jiya bayan la'asar na tarda yayana zaune ƙofar gida nan unguwar Zariya, dosiye bisa cinya, shayinshi ya huce bai ko taɓa ba. Na ce Yaya lafiya? Sai ya miƙo min wasiƙa, wai an fidda shi daga takarar ginin kilas uku a wata kumin ta jihar Maradi, kuma wallahi ranar da aka buɗe ambulan gaban kowa farashinshi ne mafi sauƙi. Dalili guda suka rubuta, takardar shaidar biyan lanho, wadda ake ce ma ARF, wa'adinta ya ƙare kafin ranar ajiye dosiye.

Mutane da yawa sun ɗauka in gwamnati ta fidda apel dofur, wato kiran takarar kwangila, mai araha shi ke ci, alhali kafin a dubi kuɗi sai an duba ko ka ma cancanci shiga. Kana da NIF, lambar mai biyan lanho? Kana da rajistar kasuwanci RCCM? Ka biya ma ma'aikatanka kuɗin CNSS, asusun tsaron lafiya da fanshon ma'aikata? Agiremanka, wato izinin gwamnati na yin aikin gini, ya kai matakin aikin? Ga garantin banki, ga shaidar ayyukan da ka taɓa yi, ga jerin kayan aiki da injiniya, duk suna rubuce cikin DAO, dosiyen sharuɗɗan takara da ka saya da kuɗinka, in ɗaya ta gurɓace an ture ka gefe ko da ka fi kowa iya ɗora bulo.

Abin ya yi min ciwo don na san zufar da ya zubar, sati biyu yana zarya tsakanin banki da biro bisa moto cikin rana. Amma gaskiya ban iya zagin dokar. Duk ɗan Maradi na tune da Nuwamban 2021, da wuta ta kama azuzuwan zana a garin nan ta ci yara fiye da 20. Tun ranar nan maganar gina kilas da siminti ta zama ta rai a wurina, kuma ban son a ba mutumin da ya aro agireman wani, ba shi da ko bokitin kwaɓa, ya gina ma ƴaƴanmu ɗakin da zai tsage damina guda.

Inda nake da ƙorafi shi ne a auna kowa da tiya ɗaya. Yaya ya ce yana zargin wanda aka ba aikin ayyukan da ya lissafa ba nashi ba ne. Na ce to Yaya, zargi a majalisar shayi ba ya tsaida komi, rubuta za ka yi. Doka ta ba da hanya, da farko ka kai ƙorafi a rubuce wajen hukumar da ta fidda aikin, cikin kwana 5 na aiki bayan an sanar da kai. In ba su amsa ba ko amsar ba ta gamsar da kai ba, kana da kwana 3 na aiki kacal ka kai gaban kwamitin warware rigingimu na ARCOP a Yamai, hukumar da ke sa ido kan kwangilolin gwamnati, wadda a da muke sani da ARMP, bayan nan kuma ƙofar kotu na nan. Kwana ukun nan su ne ke kada ƴan kwangilarmu na jihohi, mutum ya tsaya neman wanda zai yi mishi magana, ya je gaida wane da wane, kafin ya farga lokaci ya shige, a ƙi karɓar ƙarar ba a ma karanta hujjarshi ba.

A kan ARF ɗin kam na gaya mishi ido da ido ba shi da ta cewa, kwanan wata na nan bisa takarda. Amma yana da haƙƙin a faɗa mishi dalilai a rubuce, yana kuma iya neman a sake duba cancantar wancan. Daren jiya muka zauna da ɗana da kwamfuta muka rubuta wasiƙar da Faransanci, yau da safe ya kai, na ce kar ya baro biron sai an buga mishi hatimi da kwanan wata bisa kofin wasiƙar. An buga. Saura mu ƙirga kwanaki, gobe kuma zai tafi biron lanho neman sabuwar ARF.