Tsofaffin hotunan Zazzau, ina ake samunsu?

Sana'ata tace bidiyo a nan Tudun Wada, kuma duk wanda ya kawo mini shirin tarihi buƙatarsa ɗaya ce: a sa masa tsohon fim. Ban ga laifinsu ba. Dattijo sai ya yi minti biyar yana kwatanta tashar jirgin ƙasa ta Sabon Gari zamanin auduga da gyaɗa, amma daƙiƙa goma na hoto baƙi da fari sun fi shigar mai kallo. Naɗin rawanin da, ko yadda ɗan dako ke saɓa buhu, ba ɗan wasan da zai kwaikwaye su daidai.

Samunsu ne aiki. Mai sauƙin yana Landan. A 2014 British Pathé, tsohon kamfanin labaran fim na Ingila, ya zuba fina-finai 85,000 a YouTube, har da hawan daba da aka yi wa Sarauniyar Ingila a Kaduna a 1956. Kallo kyauta ne, amma sawa a shirin talabijin sai ka sayi lasisi da kuɗin waje. Kuma abin da ya burge Bature shi ya ɗauka: gwamna, dawakai, fareti. Masaƙa da 'yan kasuwa sai dai su gitta a baya.

Namu fa? Talabijin ta fara a Kaduna tun 1962, sai dai kaset na da tsada a da, gidajen talabijin kan goge tsohon shiri su ɗora sabo. Abin da ya tsira kuma zafi da laima na cinsa. In ka buɗe gwangwanin fim ka ji wani tsami ya bugi hancinka, ya fara ruɓewa ke nan. Fim ɗin Shaihu Umar na Adamu Halilu, na 1976, sai a 2016 aka gano shi a ma'ajiyar Hukumar Fina-finai ta Najeriya, aka gyara a Jamus.

Rashin nan ne ke sa ha'inci. Kwanaki wani ya ce in liƙa masa hawan sallar Kano in rubuta Zazzau, wai wa zai gane?

Na ce, "Ranka ya daɗe, kowane tsoho a Ƙofar Doka zai gane ƙofar fadar nan ba tamu ba ce."

Muka sa hoton kati guda na zamanin Sarki Ja'afaru, na ja shi a hankali, muryar dattijon na tafiya a kai. Bai so ba, amma ya biya.