Zaga cikin garin Bauchi da ƙafa

In za ka kai baƙi yawon ƙafa, ku fito da ƙarfe 7 na safe, kada ku wuce mutum 8. Lungunan cikin gari matsattsu ne, jama'a na yawa sai na baya su daina jin bayani.

Ku fara da ƙofar fadar Sarki, ku bi ta Ƙofar Ran zuwa kabarin Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda aka kashe a 1966. Nan ya kamata a daɗe, akwai kayayyakinsa da aka adana. Sai kasuwar Wunti, inda za ka ji Fulatanci, Jaranci da Ibo a layi guda.

Ranar Juma'a ku kauce wa fada da azahar, cunkoson masallata ba ya barin hanya. Kuma kowa ya nemi izini kafin ya ɗauki hoton mai sana'a.