Gidan Bature da Muka Mayar Masaukin Baƙi

Baƙon da ya sauka a wurinmu cikin watan Afrilu yakan fara da tambayar inda muka ɓoye na'urar sanyaya ɗaki, domin yakan baro rana mai ƙuna a waje ya tarar da ɗaki da sanyi kamar cikin randa. Sirrin yana jikin bango, wanda kaurinsa ya kusa kamu biyu daga gindi, kuma da tubalin ƙasa aka ɗora shi a zamanin da Turawa suka kafa barikinsu a Nasarawa, wajen ganuwar Kano, bayan sun ci birnin a 1903. A lokacin siminti da kwano sai daga Turai, jirgin ƙasa kuwa bai iso Kano ba sai 1911, saboda haka maginan birni ne suka gina wa Turawan farko gidaje da azara da bakan gizo, wato lanƙwasassun ginshiƙan da ke ɗauke da rufi, irin na fada, Bature kuma ya ƙara abin da ransa ke so, wato baranda mai faɗi da manyan tagogi da murhun jin ɗumi saboda hunturu. Wanda ya taɓa shiga Gidan Ɗan Hausa, inda Hanns Vischer, Baturen da ake yi wa laƙabi da Ɗan Hausa, ya zauna kuma ya buɗe makarantar boko a 1909, ya san irin ginin da nake nufi. Namu ƙaramin ƙanensa ne. Wani jami'in mulkin mallaka ya zauna a ciki, bayan 1960 ma'aikata 'yan ƙasa suka gaje shi, daga baya kuma ya zama kangon da jemagu suke kwana.

Da gidan ya zo hannuna kowa cewa yake in rushe shi in ta da bene, in ban da baffana, magini ɗan magini, wanda na yi wa cuɗin ƙasa da miƙon tubali tun ina ɗan shekara goma. Ya zaga gidan yana ƙwanƙwasa bango da bayan yatsa yana saurare, sannan ya ce, “Ɗana, ginin nan da ransa, ruwa kawai ya sha ta inda indararo ya karye.” A hannunsa na koyi cewa ba a yi wa ƙasa gaggawa: a kwaɓa ta da ciyawa, a bar ta ta ruɓa kwana da kwanaki, sannan a yi yaɓe, a bi da makuba ta ɓawon ɗorawa. Rufin kuwa laso muka yi masa, da katsin marina da gashin awaki da dafara, kuma a yau masu iya haɗa shi daidai ba su cika yatsun hannu ba a cikin waɗanda na sani.

Azara ce ta fi ba mu wahala. Ta namijin giginya da ya tsufa ake nema, baƙa mai nauyi wadda gara ba ta iya mata, amma sau biyu wani dillali yana sauke mana fara mai laushin ciki yana rantsuwa cewa ita ce. Baffa ya soka mata farce kawai ya ce a mayar masa da kayansa. Irin wannan azarar ce masu kwaikwayonmu suke liƙawa a ƙarƙashin rufin siminti, su shafa wa bulo jan fenti, su zana dagi a ƙofa, su ce gidan gargajiya ne, sannan baƙo ya zo yana taya ɗakinmu da farashinsu. Nakan ce masa ya je ya kwana can ranar da aka ɗauke wuta, mu yi magana da safe.

Ɗakuna bakwai ne kacal, kuma ban yarda a tsaga bango ko ɗaya don ƙara na takwas ba. A babban falo mun bar ƙugiyoyin ƙarfe da ke jikin rufi, inda ake rataya fankar ƙyalle wadda yaron gida yake ja da igiya daga baranda yayin da Bature yake cin abinci. Mun mayar da fankar, igiyar ma tana nan, sai dai yanzu 'ya'yan baƙi ne suke rububin janta. Kowace shekara kafin faɗuwar damina mukan rufe gidan na mako biyu, magina su hau soro su duba laso da indararo ɗaya bayan ɗaya, don haka mai son sauka a ƙarshen bazara gara ya tuntuɓe mu da wuri.