Alhamdulillahi, mun sauko daga Chappal Waddi

Assalamu alaikum jama'a. Jiya da daddare na iso gida, ƙafar tana ɗaure amma da sauƙi sosai, kuma wallahi kira da saƙonni sun yi yawa ba zan iya bin kowa ɗaya bayan ɗaya ba, shi ya sa na ce bari in yi godiya a nan.

Ga waɗanda ba su ji ba, mun je Taraba ne hawan Chappal Waddi, dutsen da ya fi kowanne tsawo a Najeriya, mita 2,419, yana cikin gandun dajin Gashaka-Gumti dab da iyakar Kamaru. Na taɓa hawan Shere a Jos mai mita 1,829, na zagaya matattun duwatsun aman wuta na Biu har bakin tafkin Tila, amma wannan daban ne, tun daga Serti da mota ta fara murɗa hanyar hawa Mambila kunnena ya toshe, da muka kai Nguroje kuwa sanyi har cikin ƙashi. A can ƙololuwa hazo na wucewa ta ƙasanmu, ɗan jagoranmu ya miƙa hannu ya ce nan Najeriya can Kamaru, ciyawa iri ɗaya tudu iri ɗaya, dama jerin tsaunukan nan shi ne ya miƙe har Dutsen Kamaru na Buea wanda ya yi aman wuta a 1999 da 2000.

A saukowa ne santsi ya kwashe ni idon sawu ya gurɗe. 'Yan jagora biyu su suka riƙa karɓa-karɓa suna tallafe da ni, ɗayan har jakata ya ɗora kan tasa bai ce uffan ba. Allah ya biya ku. Sai wani dattijo Bafulatani da muka faɗa rugarsa dab da magariba, ya hura mana wuta, ya sa aka dafa madara aka miƙo min a ƙwarya, ya gasa min ƙafar da ruwan zafi da hannunsa. Baffa, na kawo kuɗi ka ture hannuna, Allah ya albarkaci dukiyarka da zuri'arka.

Abokan tafiya da suka rage sauri saboda ni, na gode. Inna da ta kwana biyu ba barci saboda babu sabis a can, ki yafe min.

Likita ya ce sati uku kar in taka sosai, masu son zuwa dubiya ina gida, bayan la'asar ya fi.