Suyar fis mai faɗi da tattasai: yadda na koyi sauke kasko da wuri

A watan Janairu, hunturu yana tsakiyarsa, ƙanwar maigidana ta zo mana daga Abuja, kuma a cikin tsarabarta akwai ƙunshi biyu na wani koren abu da ta saya a wani babban kanti. Da na buɗe na farko sai na ɗauka an cuce ta, an sayar mata da waken da aka tsinke tun bai yi ƙwaya ba. Tsawonsa bai wuce yatsa ba, ga shi a baje kamar ganye, idan ka ɗaga shi a haske kana hango 'ya'yan da ke ciki ƙanana, ba su kai ƙwayar dawa ba. A jikin ledar an rubuta cewa daga Kenya ya fito. Na jawo kwano zan fara ɓarewa, sai ta yi dariya ta ce, "Anti, ba a ɓare shi fa, da kwansonsa ake ci."

Maganar ta yi mini banbaraƙwai, domin a wurinmu kwanson wake sunansa ƙowa, ita kuwa ƙowa abincin tumaki ce, a buhu ake sayar da ita ga masu kiwo tare da harawa. Daga baya na fahimci cewa wannan ɗan'uwan fis ɗin nan ne da muke zubawa a soyayyiyar shinkafa, sai dai shi kwansonsa ba shi da taurarren ɓawon nan na ciki wanda ke hana a tauna, kuma ana cire shi daga jikin uwarsa tun yana ɗanye sharaf. Faransawa ma sunan da suka ba shi ma'anarsa ita ce "cinye duka", Sinawa kuma su ne suka yi fice wajen soya shi. Shuka ce ta wuri mai sanyi, ta fi jin daɗi idan ma'aunin zafi yana tsakanin 13 da 18, shi ya sa ake noma ta a tsaunukan Kenya da Gwatamala, ba a irin ƙasarmu da zafin Afrilu ke kaiwa 40 ba. Ko fis ɗin da muka saba da shi, da koren wake, ai galibi daga tudun Jos ake sauke mana su.

Ƙunshin farko na lalata shi gaba ɗaya, kuma ba don rashin iya girki ba, sai don hannuna ya yi abin da ya saba. Na soya albasa har ta yi ja, na zuba tattasai da fis ɗin, na ga kamar sun bushe sai na ƙara rabin kofin ruwa, na rufe tukunya, na tafi duba shinkafa da shanya. Da na dawo bayan kusan minti 15, koren nan mai ɗaukar ido ya koma kalar miyar kuka da ta kwana, tattasan ya saki jiki ya rabu da fatarsa, duk suna iyo a cikin wani tsululun ruwa mara ɗanɗano. A wurin cin abinci maigida bai ce uffan ba, sai dai na ga yana zaro wani zare daga bakinsa yana ajiyewa a gefen faranti, ya yi haka har sau huɗu. Da ya yi magana ma da ya fi mini sauƙi.

Mu an tarbiyyantar da mu ne a kan girki mai cin lokaci. Miyar dage-dage ba ta yi ba sai mai ya taso sama kuma tsamin tumatir ya mutu, wake sai ya sha wuta da ɗan kanwa, ganyen zogale sai an dafa an tsane. A kunnenmu, abin da ya yi ƙaras-ƙaras a baki bai nuna ba, kuma abin kunya ne ga mai girki. Wannan suyar kuwa duk daɗinta yana cikin wannan ƙaras ɗin ne. Abin da ke kashe koren shi ne tsamin da ganyen kansa yake saki idan ya daɗe a wuta, rufe tukunya kuma yana tare wani ɓangare na tsamin ya mayar da shi ciki. Wata maƙwabciyata ta ba ni shawarar in jefa ɗan kanwa, kuma gaskiya ne kanwa tana riƙe kore, amma tana narkar da jikin ganye ta mayar da shi kamar yauƙi, ga shi tana lalata bitamin C, wanda shi ne babban abin da ke cikin wannan haɗin. Gram 100 na ɗanyen fis mai faɗi yana ɗauke da kusan miligram 60, jan tattasai mara yaji kuma ya ninka haka, kuma zafi da ruwa su ne suke tafiya da shi.

Saboda ƙunshi na biyu, washegari da sassafe na shiga Kasuwar Yankaba, inda ake sauke kayan gwari, don in zaɓi tattasai da hannuna. Mai kayan ya tambaye ni, "Hajiya, na miya ne ko na salak?" Tambayar tana kan hanya, domin na miya ko ya ɗan yi laushi injin markaɗe zai rufa masa asiri, amma wanda za a yanka a gan shi a faranti dole ya zama mai tauri, fatarsa tana sheƙi, hancinsa kore. Na ɗauki babban koren tattasai guda, irin mai ƙumba-ƙumba da nama mai kauri, da dogayen jajaye guda biyu irin namu. Jan ya fi zaƙi saboda ya nuna a jikin itacensa, koren kuma yana da ɗan bauri wanda ke hana abin ya gundure. Akwai ruwan ɗorawa, amma kuɗinsa ya fi ɗanɗanonsa, kwalliya ce kawai. A ɗan lasa jan kafin a yanka, domin a cikin namu akan dace da mai ɗan yaji.

Aikin gaskiya kafin a kunna wuta yake. Kowane kwanso yana da zare a gefensa, wanda maigida ya yi ta zarowa. Ana karya ɗan hancin da farce, ba a cire shi duka ba, sai a ja shi ƙasa ta gefen da yake miƙe, zaren zai biyo shi a nannaɗe kamar silin gashi. Gram 250 ya ci mini kusan minti 10 ina zaune a kan kujera 'yar tsuguno, wato ninki biyu na lokacin suyar kanta. Na wanke komai sosai da ruwan gishiri na ɗauraye, tunda abin da zai yi 'yan mintoci a wuta ba a dogara da wutar ta tsabtace shi, sannan na baza a kan tsumma mai tsabta har ya bushe ƙarau. Wannan busarwar ba ƙaƙale ba ne, domin ruwan da ya rage a jikin kayan yana sanyaya kasko, maimakon suya sai a koma turare. Tattasan na cire masa 'ya'ya da farin cikin, na yanka shi dogo-dogo daidai tsawon fis ɗin, na yanka rabin albasa manya-manya, na daddatsa tafarnuwa ƙwaya biyu da ɗanyar citta kamar kan babban yatsa. Kowanne na sa shi a mazubinsa, na jere su kusa da murhu, har gishiri da farantin da zan juye.

Kaskon da ya yi mini aikin shi ne tsohon kaskon ƙarfe na suyar ƙosai da na taho da shi daga gidanmu, mai zurfin tsakiya da faɗin baki, wanda siffarsa kusan ɗaya ce da ta kaskon Sinawa. Na ɗora shi babu komai a kan gas, na ƙure wuta, na jira har ɗigon ruwan da na yarfa ya yi tsalle ya ɓace nan take. Sai na zuba man gyaɗa babban cokali ɗaya da rabi, domin yana jure zafi ba ya saurin hayaƙi, manja kuwa zai danne komai da ƙamshinsa. Albasa ta fara shiga ta yi minti ɗaya, tattasai ya biyo baya na minti biyu ina juyawa ba tsayawa, sannan na buɗe tsakiya na sa tafarnuwa da citta, na ƙirga goma, na juye fis ɗin a kai. Kunne ya fi ido amfani a nan. Muddin kaskon yana ƙara mai kaifi, suya ake yi, da zarar ƙarar ta koma ɓararraka, ruwa ya fito. Cikin minti biyu koren ya ƙara haske, ya yi sheƙi kamar an shafa masa mai. Na barbaɗa gishiri a ƙarshe, tunda idan ya shiga da wuri yana jawo ruwa, na juya sau biyu.

Nan ne wurin ya yi mini wuya. Duk jikina yana gaya mini in ƙara minti uku, hannuna ma har ya kai ga murfi. Na daure na juye a faranti nan take, saboda kaskon ƙarfe yana riƙe zafi, abin da aka bari a cikinsa ci gaba da dahuwa yake yi ko an kashe wuta.

A ranar surukata tana gidan. Na kai mata tare da farar shinkafa da gasasshen kifi, ta ɗauki kwanso ɗaya ta gatsa, ƙarar ta kai har bakin ƙofa. Ta dube ni ta ce, "'Yar nan, gas ɗin ne ya ƙare muku?" Na ce, "A'a Hajiya, haka ake yin sa, ku ƙara ɗanɗanawa ku ji." Ta ci, ta ce yana da zaƙi kamar ɗanyar gyaɗa sabuwar cira, ta nemi a miƙo mata yaji, ta cinye. Har yau ba ta janye maganar cewa ɗanye ne ba, ni ma ban ƙara musu ba, sai dai in kwashe namu in bar nata ya ƙara minti biyu saboda haƙoranta.

Kurakuran da suka biyo baya ƙanana ne, ban da guda ɗaya. Da azumi muka yi baƙi a buɗa-baki, na ninka kayan sau uku na zuba su lokaci guda, kasko ya huce, na koma gidan jiya. Yanzu ko mutum nawa ne, kashi-kashi nake soyawa, kuma duk da haka ya fi sauri. Lemon tsami idan za a sa, sai a faranti gab da ci, in ba haka ba yana dusashe koren. Rabin attaruhu ya isa. Daddawa na gwada sau ɗaya, ba ta shiga ba ko kaɗan, amma soyayyen riɗi da aka barbaɗa a sama ya dace da shi ƙwarai.

Shi fis mai faɗin ba kullum nake samunsa ba, idan ya samu kuma ba ya son ajiya, musamman da yadda ake ɗauke mana wuta, kwana biyu a firji ya fara yaushi. Saboda haka mafi yawan lokaci da koren wake nake yi, in zaɓi sirara waɗanda ke karyewa ɗas idan an lanƙwasa. Shi ya fi tauri, don haka nakan jefa shi a tafasasshen ruwa na minti biyu, in tsame in zuba masa ruwan sanyi, in busar, sannan ya shiga kasko a gurbin fis ɗin. Ranar Asabar da muke cin garau-garau nakan ajiye shi a gefe maimakon latas da tumatir, kuma ƙaramin ɗana, wanda ke tsince albasa daga kowane abinci, jan tattasan yake fara kwashewa kafin kwanon ya iso wurin yayyensa.