Idan kyanwa ta daina hawa katanga, a duba bayanta

Tsakanin ƙasusuwan gadon bayan kyanwa akwai 'yan faifai na guringuntsi, kamar matashi, da ke hana ƙashi gogar ƙashi. Idan ɗaya ya fashe ko ya kumbura, sai ya danne lakar da ke cikin gadon bayan. An fi ganin cutar a karnuka, amma tana kama kyanwowi, musamman waɗanda suka manyanta, kuma galibi a wajen ƙugu.

Kyanwa akwai ɓoye ciwo. Ba za ta yi ta kuka ba. Sai dai ka ga wadda kullum take kan katanga ta tsaya a gindinta tana kallon sama, ta fasa tsalle. Ka shafa bayanta ta yi gurnani ko ta kai cizo. Wutsiya ta saki. Daga baya ƙafafun baya su fara tangaɗi, tana jan faratanta a siminti, kashi da fitsari su riƙa kubce mata ko su tsaya cak.

Don Allah kada a ba ta farasitamol! Hantar kyanwa ba ta iya sarrafa shi, ƙwaya ɗaya tana iya kashe ta. Ibuprofen da diclofenac ma haka, ƙoda suke lalatawa. Tausa da ɗori kuwa ƙara danne lakar suke yi. A sa ta cikin kwali mai shimfiɗaɗɗen ƙasa, bayanta a miƙe, a kai wa likitan dabbobi a ranar. In ta daina tsayuwa ko ta yi awa 24 babu fitsari, ba maganar jira.

Taɓa tafin ƙafafunta na baya kafin ku fita. In sun yi sanyi, sun koma fari ko shuɗi-shuɗi, galibi gudan jini ne ya toshe jijiyar jini daga ciwon zuciya, shi ma na gaggawa. In kuma ba a taɓa yi mata rigakafin haukan kare ba, a kama ta da bargo saboda cizo, a gaya wa likita.

Likita zai matse yatsan ƙafar ya ga ko tana jin zafi, don wannan ne ke nuna yiwuwar warkewa. Hoton eksire ƙashi yake nunawa; lakar sai MRI, na'urar ɗaukar hoton cikin jiki. Mai sauƙi ana killace ta a keji sati 4 zuwa 6 da maganin zafi, ko da ta warware a satin farko. Mai tsanani sai tiyata, a nemi shawarar asibitin koyarwa na dabbobi a Zariya, Sakkwato ko Maiduguri.